Yadda Ake Bin Sawun Ɗan Wasan Birtaniya Da Aka Manta Da Shi

Saja nake ce masa tun kafin in san sunansa. Wani kakkauran mutum ne mai faɗin haɓa da ɗan gashin baki, na fara lura da shi a wani tsohon fim ɗin Birtaniya marar kala. Yana tsaye bayan kanta a caji ofis, alƙalami saƙale a kunne, ya yi magana jimla biyu, kyamara ta wuce shi. Bayan ɗan lokaci sai ga shi a wani fim yana tuƙa tasi. A na uku kuma shi ne mai gadin ƙofar kotu. Abin ya tsaya mini a rai. Ga mutum ya ci abinci da wannan sana'a shekara da shekaru, miliyoyin mutane sun ga fuskarsa, amma ko masu son tsofaffin finafinai sai su ce maka "ai wannan mutumin ne, wa ma yake da suna?"

Na fi shekara biyu ina tono tarihinsa, da daddare bayan an tashi daga aiki. Ba zan kama sunansa ba, don ba shi ne zancen ba, hanyar ce zancen. In kai ma akwai wata fuska da ta hana ka sakat, ga yadda za ka bi, har da ramukan da na faɗa don kada ka faɗa.

Daga fuska zuwa suna

Da ka gan shi, tsayar da fim ɗin ka ɗauki hoton allo. Rubuta sunan fim ɗin, da mintin da ya fito, da abin da ya fito a matsayinsa. Kada ka dogara da ƙwaƙwalwarka. Bayan wata uku duk masu gashin bakin nan za su haɗe maka su zama mutum ɗaya.

In ka tara finafinai uku da ka tabbatar shi ne a ciki, sai ka ɗauko jerin sunayen 'yan wasan kowanne ka jera su gefe da gefe. Cire taurari, cire mata, ka duba sunan da ya maimaitu a ƙasan duka ukun. Sau da yawa a nan ake kama shi. Matsalar ita ce tsofaffin finafinan Birtaniya kan rubuta sunayen manya kawai a farko, ƙananan a bar su a duhu. In haka ta faru, nemi mujallar Monthly Film Bulletin, wadda Cibiyar Finafinan Birtaniya, wato BFI, ta riƙa bugawa daga 1934 zuwa 1991. Ta kan kawo jerin sunaye wanda ya fi na kan allo tsawo, musamman a shekarunta na baya-baya, kowane suna da rawar da ya taka. A nan na samu Saja, na biyu daga ƙarshe.

Ka kuma bambanta tun da wuri tsakanin ƙaramin ɗan wasa da ɗan cika taro. Na farko yana da magana ko da kalma biyar ce, yana da wakili mai nema masa aiki, an rubuta masa kwangila da sunansa. Na biyu shi ne mai wucewa ta baya riƙe da jarida. Dukansu ana iya bin sawunsu, amma na biyun takardunsa kaɗan ne ƙwarai, sai dai ido.

Kama da wane ba wane ba ce

A nan na yi ɓarnar wata huɗu. Na samu suna, na zuba shi a wani babban shafin bayanan finafinai, sai ga jeri mai tsawo, daga farkon shekarun 1930 har tsakiyar shekarun 1980. Murna ta kama ni, na kwafe duka. Sai da na zo lissafi na ga cewa in jerin nan gaskiya ne, to Saja ya fito a matsayin dattijon alƙali tun yana ɗan makarantar firamare. Ashe mutum biyu ne masu suna ɗaya aka cakuɗa, wani ya riga wani da shekara talatin.

Irin waɗannan shafuka masu sa-kai ne ke cika su. Suna da amfani sosai a matsayin mafari, amma kuskure ɗaya in ya shiga, sai shafuka goma su kwafa, har ya yi kama da gaskiya saboda yawan maimaitawa.

Abin da zai taimake ka shi ne sanin dokar Equity, ƙungiyar ƙwadagon 'yan wasan Birtaniya da aka kafa a 1930. A wancan zamani ba ta yarda mambobinta biyu su yi aiki da suna iri ɗaya a lokaci guda. Shi ya sa David Tennant, wanda sunansa na yanka David McDonald, ya canza suna: akwai wani mai wannan sunan a ƙungiyar. Wannan doka tana gaya maka abu biyu. Na ɗaya, in ka ga suna ɗaya a wurare biyu da ba za su haɗu ba, mai yiwuwa na farkon ya rasu ko ya bar sana'ar kafin na biyun ya ɗauka. Na biyu, kuma wannan ya fi ciwo, sunan da kake bi wataƙila ba shi aka raɗa masa ba. Marianne Stone, wadda ta fito a finafinai sama da 200, da sunan Mary Stone ta fara. Wanda bai san haka ba zai yanke mata shekarun farko gaba ɗaya.

Mai raba gardama a nan shi ne Spotlight, kundin da masu ɗaukar 'yan wasa ke dubawa tun 1927. Ɗan wasa ne ke biyan kuɗi a saka hotonsa, da tsayinsa, da sunan wakilinsa. Tsofaffin kwafi suna manyan ɗakunan karatu, wani lokaci kuma su ɓullo a wajen masu sayar da tsofaffin littattafai. Ranar da na ga hoton Saja a ciki, da sauran gashi a kansa, ranar na san wane ne nawa wane ne ba nawa ba. Wani abu kuma: girman filin da mutum ya saya a kundin yana ba da labari. Na ga nasa ya tashi daga ƙaramin gurbi zuwa babba, bayan wasu shekaru ya sake komawa ƙarami.

Kafin ka ci gaba, buɗe jadawali a kwamfuta, ko ka ja layuka a littafi. Shekara, sunan aiki, rawar da ya taka, sai gida na ƙarshe wanda ya fi duka muhimmanci: ina ka samo? Ni kashi uku na yi. "Na gani da idona." "Takardar lokacin ta faɗa." "An ce." Duk abin da ke cikin "an ce" ba ya shiga rubutuna sai ya samu ƙarin girma. Game da shekara kuma, ka tuna ranar fitowar fim daban, lokacin ɗaukarsa daban. Ƙaramin fim kan iya yin shekara ɗaya ko biyu a ajiye.

Talabijin da rediyo

Mafi yawan irin waɗannan 'yan wasa ba fim ne ya ciyar da su ba, talabijin ne. Abin farin ciki, BBC ta zuba jadawalin shirye-shiryenta da mujallar Radio Times ta buga daga 1923 zuwa 2009 a intanet, ƙarƙashin aikin da ta kira Genome, kuma kyauta ne. Rubuta sunan mutuminka tsakanin alamun zance, ka jera sakamakon daga mafi tsufa. Za ka ga rana, da ƙarfe nawa, da rawar da ya taka, har da wasannin rediyo waɗanda shafukan finafinai ba sa ko kallo. Na samu Saja a wasannin rediyo da dama, a daidai shekarun da na ɗauka zaman kashe wando yake yi.

Amma a yi hattara da abu biyu. Na'ura ce ta karanta tsofaffin shafukan, don haka takan juya harafi. Gwada sunan da kurakuran da kake zaton za ta iya yi. Sannan abin da ke ciki shi ne abin da aka shirya nunawa, ba lallai abin da aka nuna ba. In wani babban lamari ya faru aka ɗage shiri, ko ɗan wasa ya kwanta ciwo aka musanya shi ana gobe, mujallar ta riga ta fita.

ITV, tashar talabijin ta 'yan kasuwa wadda ta fara aiki a watan Satumba na 1955, ba ta cikin wannan rumbu. Nata jadawalin yana mujallar TV Times da shafukan jaridu. Kuma ITV ba kamfani ɗaya ba ce a wancan zamani, kamfanoni ne na yankuna, irin su Granada a arewa maso yammacin Ingila, don haka shiri ɗaya kan iya fita a Landan yau, a wani yanki sai bayan makonni. Rubuta yankin da ka samo ranar.

Ka fara lalube a shirye-shirye masu dogon zango, don su ne gonar ƙananan 'yan wasa. Dixon of Dock Green ya yi daga 1955 zuwa 1976, Z-Cars daga 1962 zuwa 1978, The Bill daga 1984 zuwa 2010. Dukansu shirye-shiryen 'yan sanda ne, kowane mako suna bukatar sabon ɓarawo, sabon shaida, sabon mai shago. Kada ka yi mamaki in ka ga mutum ɗaya ya fito sau huɗu a shiri guda da suna huɗu daban. Ba kuskure ba ne, haka ake yi.

Sai kuma abin takaicin. Da yawa daga abin da za ka samu a takarda ba za ka taɓa kallonsa ba. Shirye-shiryen farko kai tsaye ake watsa su, ba a naɗa. Da naɗar ta zo, faifan bidiyo na da tsada, sai gidajen talabijin suka riƙa goge tsohon shiri su naɗi sabo a kai, kuma yarjejeniya da ƙungiyar 'yan wasa ta taƙaita sau nawa za a maimaita shiri, don haka ajiye shi bai zama riba ba a idonsu. BBC ba ta tsayar da tsarin adanawa sosai ba sai a 1978. Shirin Doctor Who kaɗai, da duk farin jininsa, fitowarsa sama da guda 90 sun ɓata. Akan yi sa'a jefi-jefi: a 2013 an sanar da gano fitowa guda 9 da suka ɓata a wata ma'ajiyar gidan talabijin a Jos, cikin kwafin da aka taɓa sayar wa ƙasashen waje. Ƙungiyar Kaleidoscope tana riƙe da bayanin abin da ya tsira da abin da ya salwanta. Duba can kafin ka ɓata dare goma kana neman abin da aka goge tun kafin a haife ka. Rawa mafi girma da Saja ya taɓa samu, inda sunansa ya zo na uku, tana cikin waɗanda aka goge.

Giɓin da ke cikin jadawali

Yanzu ka duba jadawalinka. Za ka ga shekaru da babu komai. Sabon mai bincike kan tsallake su, alhali a nan rayuwar mutumin take.

Fara da tambayar shekarunsa. In giɓin ya faɗa tsakanin 1939 da 1945, yaƙi ne. Sam Kydd, haifaffen Belfast a 1915, wanda fuskarsa ta cika finafinan Birtaniya bayan yaƙi, an kama shi a 1940, ya yi shekarun yaƙin a sansanin fursunoni a Polan, a can ma yana shirya wasanni. Wasu kuma sun shiga ENSA, ƙungiyar da aka kafa a 1939 don nishaɗantar da sojoji. In mutuminka saurayi ne bayan yaƙi, ka tuna da aikin soja na dole: shekara biyu ne daga 1950, kuma ba a daina kiran samari ba sai 1960.

In ba wannan ba ne, to kusan kullum yana kan dandamali. Ɗan wasan Birtaniya na wancan zamani daga gidan wasan kwaikwayo yake fitowa, can kuma yake komawa. Garuruwa da yawa na da kamfanin wasa na dindindin, kamar na Birmingham wanda Barry Jackson ya buɗe wa gida a 1913. A ƙananan garuruwa kowane mako sabon wasa ake sakawa: da dare a yi na wannan mako a gaban jama'a, da rana a yi atisayen na mako mai zuwa, a haddace magana a tsakanin. Wanda ya yi shekara uku a haka ya taka rawa sama da ɗari. Shi ya sa za ka ga mutum ya shigo fim na minti ɗaya amma ya zauna daram kamar an haife shi a bayan kantar nan. Da hunturu akwai wasannin barkwanci na lokacin Kirsimeti, da bazara kuma akwai wasannin garuruwan bakin teku irin su Blackpool.

Mabuɗin wannan duniya ita ce jaridar The Stage, wadda ake bugawa tun 1880. Tsofaffin fitowarta suna cikin British Newspaper Archive, rumbun jaridu na intanet da Babban Ɗakin Karatu na Birtaniya ke da hannu a ciki. Neman suna kyauta ne, buɗe shafi ne ke bukatar biyan kuɗi. Shawarata, kada ka biya sai ka gama tara jerin abin da kake son buɗewa, sannan ka sayi wata ɗaya ka zauna a kai. Ni na biya tun ban san me nake nema ba, watan ya ƙare ina yawo.

Kada ka tsaya a sharhin wasanni kawai. Leƙa ƙananan tallace-tallace, inda 'yan wasa ke saka 'yan layuka da kuɗinsu: ga inda nake aiki yanzu, ko kuma ga ni ba ni da aiki daga rana kaza. Su a bakinsu ba sa cewa ba su da aiki, cewa suke suna "hutawa". Jaridun ƙananan garuruwa ma taska ne, don su ne ke ɗokin ɗan garinsu. A irinsu na ga labari mai sakin layi huɗu: ɗan garin nan zai fito a talabijin ranar Alhamis, mahaifinsa ma'aikacin jirgin ƙasa ne, ya yi makaranta a wuri kaza. Allura ta tono garma. Layi huɗun nan su suka ba ni sunansa na asali, wanda na yi wata da watanni ina nema.

In kana zaton ya yi makarantar koyon wasa, RADA, wadda aka kafa a 1904, tana da jerin ɗalibanta na baya a shafinta bisa shekara. Jami'ar Bristol da gidan tarihi na Victoria and Albert a Landan suna da tarin takardun shirin wasanni, waɗanda ake raba wa 'yan kallo, kuma a cikinsu akan rubuta ɗan taƙaitaccen tarihin kowane ɗan wasa. Sai dai ka karanta da ido biyu. Shi ya rubuta da kansa, ko wakilinsa, kuma babu mai rubuta cewa ya yi shekara yana wanke kwanuka a otal.

Haihuwa da rasuwa

Da sunan asali a hannu, aiki ya yi sauƙi. An fara rajistar haihuwa da aure da mutuwa a Ingila da Wales a 1837, kuma shafin FreeBMD ya kwafe fihirisar kyauta. Ka san yadda take: ba ta ba da rana, wata uku-uku take tafiya, kuma lokacin rajista take nunawa, ba lokacin haihuwa ba. Wanda aka haifa a ƙarshen Disamba zai iya faɗawa farkon shekara mai bi. Daga 1911 tana haɗawa da sunan gidan su uwa, wanda ke taimakawa wajen rarrabe masu suna ɗaya. Daga 1969 kuma fihirisar mutuwa tana kawo cikakkiyar ranar haihuwa. Sikotilan nata tsarin daban ne, ya fara a 1855, ana dubawa a ScotlandsPeople.

Kada ka yarda da shekarun da ɗan wasa ya faɗa wa ɗan jarida. Rage shekara al'ada ce a sana'ar, maza da mata. Saja ya zaftare uku.

Akwai kuma rajistar da aka yi ranar 29 ga Satumba 1939, a farkon yaƙi, mai ɗauke da ranar haihuwa da sana'ar kowa a Ingila da Wales. Tana da daraja ta musamman saboda takardun ƙidayar 1931 sun ƙone a gobara a 1942, a 1941 kuma ba a yi ƙidaya ba. Sai dai an rufe layin duk wanda bai kai shekara 100 da haihuwa ba, in ba an tabbatar ya rasu ba. Daga ƙarshe duba kundin rabon gado, wanda ya faro daga 1858. Yana ba da ranar rasuwa da ƙimar abin da mutum ya bari.

In ka ci karo da tsohuwar kwangila ko labarin albashi, ka lura da kuɗin. Kafin Fabrairun 1971 fam ɗaya sule 20 ne, sule kuma kwabo 12. BBC ta saba biyan 'yan wasa da gini, wato fam ɗaya da sule ɗaya. Fayilolin kwangilolinta suna ma'ajiyar takardunta da ke Caversham kusa da Reading, amma ba wurin da ake faɗawa haka kawai ba ne, sai da izini.

Abu ɗaya nake roƙonka. Takardun nan za su kai ka har ƙofar iyalinsa: sunan matarsa, 'ya'yansa, unguwar da ya zauna. Shi ne ya zaɓi fitowa gaban kyamara, su ba su zaɓa ba. Kada ka wallafa adireshi ko sunan mai rai. In mutumin na raye, rubuta masa ta hannun wakilinsa. In iyali ka samu, aika saƙo ɗaya mai ladabi, ka faɗi ko kai wane ne da abin da kake so, in an yi shiru ka haƙura. Ni na aika, aka yi wata biyar shiru, har na cire rai. Sai ga amsa daga jikarsa, da hoton wani ɗan littafin aljihu inda kakanta ke rubuta kowane aiki da abin da aka biya shi, da fensir.

Na ɗora littafin a kan jadawalina layi bayan layi. Ayyuka bakwai da na saka a gidan "an ce" babu su a ciki, na goge. Akwai kuma wasu goma sha ɗaya da ban taɓa jin labarinsu ba, yawancinsu tallace-tallace da gajerun finafinan koyar da ma'aikata. Layi na ƙarshe aikin yini ɗaya ne a wani shirin 'yan sanda. A gefensa ya rubuta rawar da aka ba shi: saja, bayan kanta.